Naɗin talotalo da ƴaƴan itace: girkin biki ga ƙaramin gida

Abin da za ki karanta shi ne bayanin da muka yi a filinmu na girke-girken ƙasashen duniya. Mun zuba shi a takarda saboda wadda tasha ta ɓace mata ana tsakiyar magana, da wadda ta ji komai amma babu alƙalami kusa lokacin da ake faɗin ma'auni. Kai ma maigida, da kai ɗalibi ko ɗan ci-rani mai dafa wa kansa, duk inda na ce "ki", ka ɗauka da kai nake.

Yau Amurka muka nufa, ƙasar da ta mai da talotalo naman biki. Amma ba gashin talotalo sukutum za mu koya ba, irin wanda kike gani a fim an ɗauko a faranti kamar ɗan rago. Wani girki ne da suke yi idan masu ci ba su wuce biyu zuwa huɗu ba. A yanko tsokar ƙirji falle-falle, a zuba haɗin tuffa da busassun ƴaƴan itace a kai, a naɗe kamar tabarma, a soya sama-sama, sannan a ƙarasa shi da wuta kaɗan. Girkin ba shi da wuya, sai dai yana da tarko biyu. Ko naman ya bushe ya zama kamar kwali, ko kuma waje ya yi kyau ciki bai nuna ba, baƙi su koma gida da ciwon ciki. Yadda za ki bi ta tsakanin waɗannan biyun, shi ne maganarmu ta yau.

Inda al'adar ta fito

A Amurka, Alhamis ta huɗu a watan Nuwamba ranar hutu ce a duk faɗin ƙasar, suna kiranta Ranar Godiya. Shugaba Abraham Lincoln ne ya shelanta ta a 1863, ana tsakiyar yaƙin basasarsu, ya ɗora ta a kan Alhamis ta ƙarshen watan. Sai a 1941 majalisar dokokin ƙasar ta tsayar da ita a Alhamis ta huɗu. Su kansu suna jingina asalinta ga wata liyafar kaka da aka yi a 1621 a Plymouth, tsakanin Turawan Ingila sababbin zuwa da ƴan asalin wurin, ƙabilar Wampanoag. A Kanada, Litinin ta biyu a watan Oktoba ake yin ta. A Ingila da Faransa kuwa, da Kirsimeti ne talotalo ya fi hawa tebur.

Rana ce ta taron dangi. Kowa ya kama hanyar gida, kakanni da jikoki a zauna tebur guda. Don irin wannan taro ake kiwon talotalo mai girma. Wanda ake sayarwa a kantunansu yakan kai kilo 5 zuwa 10, kuma lissafinsu kusan rabin kilo ne ga kowane mutum. Ki ɗauki mai kilo 7. Idan daskararre ne, sai ya yi kwana uku zuwa huɗu a firji kafin ƙanƙararsa ta saki, domin ana lissafa awa 24 ga kowane kilo biyu. Gashinsa kuma kusan awa huɗu ne. Wannan naman mutum goma sha huɗu kenan.

To, gidan da daga tsohuwa sai mijinta fa, ƴaƴa sun watse wasu jihohi? Ko ɗalibai biyu a ɗakin haya? Ko ma'aurata sababbin zuwa, irin ƴan uwanmu da ke zaune a New York ba dangi kusa? Su sayi tsuntsun mutum goma sha huɗu, su ci kwana uku, saura ya lalace? A 2020, lokacin annobar korona, da hukumomin lafiya suka shawarci jama'a su haƙura da tafiye-tafiyen biki, gidaje da yawa sun tsinci kansu a wannan hali. Hausawa dai sun ce daidai ruwa daidai tsaki. Naɗin da za mu koya nama giram 600 kacal yake ci, aikinsa bai wuce awa ɗaya da rabi ba, kuma idan aka yayyanka shi aka jera a faranti, duk wanda ya gani ya san yau ranar biki ce.

Shi kansa talotalo ɗan can ne. Mutanen Meziko na dā su suka fara kiwonsa, Sifaniyawa suka kai shi Turai a farkon ƙarni na 16. Da ya isa Ingila sai aka rikita shi da zabonmu na Afirka, wanda a lokacin ake jingina wa Turkiyya saboda ta hannun fataken can yake zuwa. Shi ya sa har gobe sunansa a Turanci sunan ƙasar Turkiyya ne. Faransawa kuma suka ce kazar Indiya ce, daga nan aka samu kalmar dinde da ƴan Nijar, Kamaru da Chadi suka sani. Wanda ake kiwo yau a manyan gonakin Amurka, a jihohi irin su Minnesota da North Carolina, fari ne mai faɗin ƙirji, an yi ta zaɓen irinsa har ya yi nauyin da ba ya iya tashi sama. Namu na tsakar gida mai yawo ne, ƙirjinsa bai kai wancan ba, namansa kuma ya fi tauri. Dukansu za su yi wannan girki. In na gida ne, sai ki ɗan ƙara bugunsa.

Me ya sa ƙirji ke bushewa?

Ki lura da talotalo ko kaza, yini suke a tsaye suna tono. Cinya ce mai aiki, shi ya sa namanta ya fi duhu, ga kitse ga jijiyoyi. Ƙirji kuwa tsokar fiffike ce, ga shi ba tashi ake yi ba, sai ya zama fari, kitsensa ɗan kaɗan. Shi nama, kusan kashi uku cikin huɗu nasa ruwa ne. Idan ya ji wuta, zarurrukan tsoka sukan tsuke su matso ruwan waje, kamar dai yadda kike matse wanki. Cinya tana da kitse da jijiyar da za su narke su rufa mata asiri. Ƙirji ba shi da mai rufa masa.

Ma'aikatar Noma ta Amurka, wadda ke sa ido kan tsabtar nama, ta ce naman tsuntsu sai zafin cikinsa ya kai digiri 74 a ma'aunin Selsiyos, wato 165 a ma'aunin da Amurkawa ke amfani da shi, kafin a tabbata ƙwayoyin cuta irin su salmonela sun mutu. Ƙirji da zarar ya wuce wannan da ƴan digiri sai ya fara bushewa. Cinya kuma ba ta yin laushi sosai sai wajen 80. Kin ga matsalar mai gasa talotalo sukutum: kafin cinya ta nuna, ƙirji ya wuce. Wadda ke dafa ƙirji shi kaɗai ta huta da wannan rigima, nama iri ɗaya take tsaro.

Sai dai naɗi ya zo da tasa matsalar. Ƙwayoyin cuta a fuskar ɗanyen nama suka fi zama. Idan kika soya fallen nama a buɗe, wuta tana taɓa su kai tsaye. Amma da kika naɗe, fuskar da ke waje ta koma can tsakiya, inda zafi ke isa a ƙarshe, haɗin da ke ciki kuma ya sha ruwan ɗanyen nama. Saboda haka digiri 74 ɗin nan a tsakiyar haɗin ake nemansa. Wato aikinki shi ne zafi ya isa tsakiya da wuri, tun waje bai bushe ba. Abu uku ne za su taimake ki.

Na farko bugu. Idan kaurin fallen ya zama ɗaya daga baki zuwa baki, kamar rabin santimita, naɗin ba zai yi ƙato ba, zafi zai ratsa shi da sauri, kuma ba za a samu wani gefe ya wuce wani yana ɗanye ba.

Na biyu gishiri. Idan kika barbaɗa shi tun da wuri, da farko zai jawo ruwa waje, sannan ruwan gishirin ya koma ciki ya sassauta zarurrukan tsoka, yadda ba za su tsuke sosai a wuta ba. Minti 40 zuwa awa ɗaya ya ishi nama marar kauri.

Na uku ƴaƴan itacen. Gaskiyar magana, ruwansu ba ya shiga cikin tsoka. Aikinsu a baki yake: kowace loma tana zuwa da laushi da damshi, ga tsami-tsami ga zaƙi-zaƙi da ke tayar da naman, wanda shi kaɗai lami ne. Burodin da ke cikin haɗin yana tsotse romon da naman ya saki, bota kuma tana tsaya wa kitsen da babu.

Na san wata za ta ce, nama da zaƙi, a ina aka taɓa yi? An yi, uwargida. Mutanen Maroko suna dafa naman rago da zabibi da zuma lokacin babbar sallah. Abin kula dai shi ne tsami ya rinjayi zaƙi. Don haka ne Amurkawa ke sa kiranberi, wasu ƴaƴan itace ƙanana jajaye masu tsami ƙwarai, da ake nomawa a jihohin Wisconsin da Massachusetts. Tsaminsu da launinsu sun yi kusa da na zoɓo.

Kayan haɗi, na mutum huɗu

Fallen ƙirjin talotalo 4, kowane kamar giram 150
Gishiri cokalin shayi 1, masoro rabin cokalin shayi
Koriyar tuffa mai tsami 1
Busasshen kiranberi babban cokali 4, in babu a sa zabibi
Busasshen mishmish, wanda masu Faransanci ke ce wa abriko, guda 4, in babu a sa dabino 2
Ƙaramar albasa 1
Burodin jiya yanka 2
Soyayyar gyaɗa ko yazawa, a daka sama-sama, babban cokali 3
Bota babban cokali 3, man gyaɗa babban cokali 1
Tayim rabin cokalin shayi, garin kirfa ɗan kaɗan
Romon kaza kofi 1, ruwan tuffa na kwali rabin kofi, lemun tsami 1
Fulawa babban cokali 2
Tsinken sakace ko farin zaren auduga

Koriyar tuffa muka ce saboda ba ta narkewa da wuri a wuta, kuma tsaminta ake so. In da zabibi ko dabino za ki yi, ki ƙara ruwan lemun tsami, don sun fi kiranberi zaƙi nesa ba kusa ba. A littattafan girkin Amurka za ki ga wasu suna lulluɓe naɗin da fallen naman alade, ko su zuba giyar inabi a miya. Girkin ba ya buƙatar ko ɗaya: bota ta isa a madadin kitsen, ruwan tuffa da lemun tsami a madadin giyar. Wadda ke zaune a can kuma, ta karanta jikin leda kafin ta sa gishiri, domin wasu kamfanoni tun a masana'anta suke ɗura wa naman ruwan gishiri. In haka ne, ki rage naki zuwa rabi.

Gyaran nama

Idan ƙirjin a dunƙule kika samu, ki sa shi a wurin ƙanƙara minti 20 ya ɗan yi tauri. Sai ki kwantar da shi a katako, ki ɗora tafin hannu a kai, ki kwantar da wuƙa mai kaifi ki yanko shi falle-falle. In hannunki bai saba ba, ki kai wa mahauci, musamman mai kilishi, wannan yanka sana'arsa ce.

Naman leda da aka riga aka gyara ba ya buƙatar wanki. Ruwa ba ya kashe ƙwayar cuta, sai ma ya fantsama ta kan kwanuka da kayan da za a ci ɗanye. In na gida ne da aka fige, dole a wanke, to a yi a roba guda, nesa da sauran abinci, sannan a wanke robar da wuƙa da katako da hannu da sabulu.

Ki sa kowane falle tsakanin leda biyu masu tsabta, ki riƙa bugunsa a hankali da muciya ko gindin kwalba, daga tsakiya zuwa baki, har ya koma rabin santimita. A hankali fa na ce, ba dakan sakwara ba ne. In ya huje, haɗin ta nan zai tsere. Sai ki barbaɗa gishiri da masoro gaba da baya, ki rufe, ki sa a firji. Kafin gishiri ya gama aikinsa, ke kuma kin gama haɗi.

Haɗin ciki

Ki yayyanka mishmish ƙanana, ki haɗa da kiranberi, ki jiƙa su a ruwan tuffa mai ɗumi minti 10. In ba ki jiƙa ba, a cikin nama za su nemi abin sha, su ƙara busar da shi. Ki tsame su, amma kada ki zubar da ruwan, na miya ne.

Ki narka bota babban cokali biyu a kasko, ki zuba albasa yankakkiya ƙanana, ki juya minti uku zuwa huɗu har ta yi laushi. Ki zuba tuffa da kika fere kika yanka kamar ƙwayar masara, ita ma minti uku zuwa huɗu. Sai ƴaƴan itacen da kika jiƙa, da tayim, da kirfa, da gyaɗa. Ki sauke, ki marmasa burodi a kai, ki matsa rabin lemun tsami, ki sa gishiri ɗan kaɗan. Ki ɗanɗana yanzu, tun bai taɓa ɗanyen nama ba, domin daga baya babu dama. Mai son yaji ta sa ɗan attaruhu, yana tafiya da zaƙin sosai. Ki dunƙula kaɗan a hannu. In ya riƙe kansa, ya yi. In ya wargaje, ki ɗiga romo cokali ɗaya ko biyu.

Ki baza shi a faranti ya huce sarai. Haɗi mai zafi a jikin ɗanyen nama ɗumi yake samarwa, irin wanda ƙwayoyin cuta ke so. Kina iya yin haɗin tun jiya ki ajiye a firji, amma shi daban nama daban, sai lokacin ɗorawa a wuta za su haɗu.

Naɗi da suya

Ki fito da naman, ki goge damshin jikinsa da takardar goge hannu ko tsumma mai tsabta. Ki shimfiɗa falle, ki zuba haɗi babban cokali biyu, ki baza, ki bar kamar faɗin yatsa a kowane baki. Kada kwaɗayi ya sa ki cika. Naɗi mai ƙaton ciki yakan fashe a kasko, kuma zafi ya daɗe bai kai tsakiyarsa ba, garin neman gira a rasa ido. Ki fara naɗewa daga siririn gefe, kina tura bakin dama da na hagu ciki. Ki soke da tsinke biyu ko uku, ko ki ɗaure da zaren auduga. Banda zaren roba, narkewa yake yi. Ki ƙirga tsinken da kika sa, don ki san nawa za ki cire. Haɗin da ya rage, in cokalin da ya taɓa nama ya shiga cikinsa, sai an sake dafa shi sosai kafin a ci.

Ki birgima kowane naɗi a fulawa, ki kakkaɓe. Ki ɗora kasko a wuta matsakaiciya, ki zuba man gyaɗa da sauran bota. Idan kumfar bota ta kwanta, ki jera naɗin, wajen bakin ɗinkin a ƙasa, don ya fara kamewa. Ki bar tazara tsakaninsu, kuma kada ki yi ta taɓa su. Minti ɗaya da rabi a kowane gefe, jimla kamar minti shida, har su yi launin zuma. Wannan launi da ƙamshinsa ba sa fitowa sai fuskar nama ta bushe kuma zafinta ya haura digiri 140. Wani masanin sinadarai Bafaranshe, Louis-Camille Maillard, shi ya fara bayanin abin a 1912. In naman jiƙe yake, ko kaskon ya cika, turara zai yi, ya fito fari fat.

A wannan mataki waje ne kawai ya soyu, ciki ɗanye ne. Hanya biyu ce ta ƙarasawa. Mai oban, wato fur a bakin masu Faransanci, ta sa shi ya yi zafi tun da wuri a digiri 180, ta zuba romo rabin kofi a ƙasan faranti, ta gasa minti 15 zuwa 20. Wadda ba ta da shi kada ta damu, kaskon nan ya isa. Ki zuba romo rabin kofi, ki rufe da murfi mai kamawa, ki mai da wuta can ƙasa, yadda romon zai riƙa motsi kaɗan-kaɗan ba tafasa ba. Minti 12 zuwa 15, ki juya su sau ɗaya a tsakani. In gawayi ne, ki kwashe rabin garwashin, ki yayyafa toka a kan saura. Babbar wuta a nan ita ce ke kawo tarkon nan biyu a lokaci guda, waje ya bushe ciki bai nuna ba.

Yaya za ki san ya nuna?

Mintocin da na faɗa kimantawa ce, domin wutar kowa daban, kaurin naɗin kowa daban. Abin dogaro shi ne ma'aunin zafin nama, ɗan ƙarfe mai tsini kamar allura da ke nuna lamba. Ki soka shi ta bakin naɗi mafi girma har tsininsa ya kai tsakiyar haɗi. In ya nuna 74, ki sauke nan take. In 68 ne ko 70, ki rufe ki ƙara minti biyu, ki sake dubawa.

In babu ma'auni, ki sadaukar da mafi girmansu, ki raba shi biyu. Tsokar ta zama fara tun daga waje har zagayen ƙarshe na ciki, babu wurin da ke sheƙi kamar ɗanye, haɗin kuma yana tururi, yana da zafin da ba za ki iya riƙe shi a yatsa ba. Ki sani dai launi shi kaɗai yana ruɗi, shi ya sa ake haɗawa da zafin tsakiya. In kina kokwanto, ki mayar ki ƙara minti uku. Nama mai ɗan bushewa miya za ta gyara shi, amma ɗanye ba shi da gyara, balle in akwai yara, tsofaffi ko mai juna biyu a cikin masu ci.

Da kin sauke, ki jera su a faranti, ki kifa kwano a kai, ki bar su minti biyar zuwa takwas. In kika yanka da zafinsa, romon a katako zai ƙare. In ya ɗan huta, romon yakan yi kauri ya zauna a jikin nama.

Miyar kasko

Kada ki wanke kaskon suya. Wannan ƙanzo mai launin ƙasa da ya manne, nan daɗin yake. Ki mai da shi wuta, ki zuba ruwan tuffar da kika jiƙa ƴaƴan itace, da sauran romo, da duk ruwan da ya fito daga naɗin. Ki kankare ƙasan da cokalin katako, ki bari ya tafasa minti huɗu zuwa biyar har ya ragu zuwa rabi. Fulawar da ta zuba daga jikin nama za ta ba shi kauri. Ki matsa sauran lemun tsami, ki ɗanɗana gishiri. Mai son jar miya irin ta kiranberi da Amurkawa ke ci da talotalo, ta sa rabin kofi na zoɓo mai kauri marar sukari, da zuma cokalin shayi ɗaya, a madadin ruwan tuffa da lemun tsami.

Sai ki cire tsinke, ki ƙirga su cika. Ki yanka kowane naɗi a karkace, kaurin yatsa, yadda zagayen farin nama da ja da ruwan ɗorawa na ƴaƴan itace za su fito. Ki jera, ki zuba miya kaɗan a kai, saura a ƙaramin kwano. A Amurka da markaɗaɗɗen dankalin Turawa ake ci, da gasasshen dankalin Hausa, da koren wake, a rufe da kek ɗin kabewa. A wajenmu farar shinkafa ko kuskus sun wadatar. In talotalo ya yi wuyar samu ko ya yi tsada, ƙirjin kaza babba zai yi, hanya ɗaya ce, zafin da ake nema ma 74 ɗin ne.

Abin da ya rage

Ƙa'idar da hukumomin Amurka ke bayarwa ita ce, dafaffen nama kada ya wuce awa biyu a waje kafin ya shiga firji. In zafin gari ya haura digiri 32, awa ɗaya ce kacal. Ke da ke Maraɗi, Garwa, Kano ko Tamale kin san yawancin shekara a wannan lissafi na biyu muke. A firji mai sanyi yakan kai kwana uku zuwa huɗu. In za ki ɗumama, ki zuba ɗan romo, ki rufe, ya yi zafi har tsakiya. Inda wutar lantarki ba ta da tabbas kuwa, ki dafa daidai cikin masu ci. Dama amfanin wannan girki kenan, mutum biyu falle biyu, mutum huɗu falle huɗu.

Shawara ta ƙarshe: kada ranar biki ta zama ranar gwajinki na farko. Ki gwada da falle ɗaya ko biyu mako guda kafin nan, ki duba agogo, ki rubuta minti nawa wutarki ta ɗauka kafin tsakiya ta nuna. Ranar da baƙi suka zo, da wannan lamba za ki yi aiki, hankalinki kwance.

Wadda ta gwada da zoɓo, ko da wani ɗan itacen garinsu, ta aiko mana da labarin yadda ya kasance, mu karanta wa sauran masu sauraro. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba. A ci lafiya.